Shekarar da Aka Yi Rububin Kaka

Babanmu akawu ne a wata ma'aikatar gwamnati a nan Maiduguri. Shekarun aikinsa sun kusa cika, har ya fara zancen tumakin da zai riƙa kiwo idan ya ajiye biro. Wata rana cikin zafin bazara ya dawo daga aiki ya ce kansa na sarawa, ya shimfiɗa tabarma a ƙarƙashin dalbejiyar tsakar gida ya kwanta. Kafin la'asar ɓarin jikinsa ɗaya ya daina motsi. Bai daɗe a asibiti ba Allah ya karɓi abinsa.

Ya bar mu uku, duk mata. Ni ce babba, a lokacin ina shekarar ƙarshe a kwalejin horar da malamai. Ya bar Mama. Ya kuma bar mahaifiyarsa, Kaka, wadda take zaune tare da mu a gidan haya a Dala tun ina goye.

Kaka ta tsufa ƙwarai. Yanar ido ta rufe mata gani, sai haske da duhu kawai take bambancewa, kuma hankalinta ya fara zamewa. Za ta ba ka labarin ƙauyensu na bakin tafki da irin kifin da suke kyafewa tana yarinya, ba ta rage komai ba, amma idan ta ci abinci aka ɗauke kwano sai ta tambaya ko yau ba a girki ne. Hausarta ba ta da yawa, da Kanuri take rayuwarta. Kullum Baba ya dawo aiki ɗakinta yake fara shiga, ya durƙusa ya gaishe ta, ya daka mata goro a ɗan turmi tunda haƙora sun ƙare.

Ranar jana'iza aka gaya mata. Ta yi wata ƙara da ban taɓa jin irinta ba, ta faɗi tana birgima, sai da mata suka danne ta. Washegari da safe na kai mata kunu, ta ɗago kai ta ce, “Tadanyi nda?” Wato ina ɗana. Wata maƙwabciya da ke zaune a ɗakin ta ce, “Ai haƙuri za ki yi, Kaka, ya riga mu gidan gaskiya.” Sai ga wannan ƙarar ta dawo sabuwa fil, kamar yanzu aka fito da gawar. A nan muka gane abin da ke faruwa: ba ta riƙe mutuwar, duk wanda ya gaya mata shi ne ya fara gaya mata. Mama ta kafa doka a gidan. Duk wanda Kaka ta tambaya, ya ce an tura shi aiki Biu. Idan aka gaya mata haka sai ta ce Allah ya dawo da shi lafiya, ta ci gaba da jan carbinta.

Baba yana da 'yan'uwa maza biyu. Yayansa muna kiransa Ba Kura, wato babban baba, yana sayar da kayan gini, yana da gidan bene a Jiddari Polo. Ƙanensa kuma Ba Gana, ƙaramin baba, dillalin wake ne a Old Maiduguri. Daga Sallah sai Sallah muke ganinsu. Lokacin da Kaka ta fara fitsarin kwance, Baba ya taɓa roƙonsu a riƙa karɓa-karɓa ko Mama ta samu ta huta. Ba Kura ya ce gidansa tayil ne, tsohuwa za ta zame ta karye. Ba Gana ya ce ɗakunansa sun cika.

Bayan sadakar bakwai, limamin unguwa ya zauna da su a zaure, ni kuma ina kai shayi ina jin abin da ake cewa. Ya yi bayanin rabon gado dalla-dalla: matar mamaci tana da tumuni, wato ɗaya cikin takwas, 'ya'ya mata suna da kashi biyu cikin uku, uwa tana da sudusi, ɗaya cikin shida, ɗan abin da ya rage shi ne na 'yan'uwa maza.

Ba Gana ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba. “Wato mu sai ƙanzo ke nan, Malam.”

“Rabon Allah ne, ba nawa ba,” in ji liman.

Da a ce dukiyar Baba ita ce abin da ido ke gani, rediyo da keke da tumaki biyu, da ba wanda zai sake waiwayarmu. Amma a ranar wani abokin aikinsa ya zo ta'aziyya, kuma cikin kyakkyawar niyya ya faɗa a gaban kowa cewa iyali su kwantar da hankali, akwai kuɗin fansho da aka daɗe ana cire wa marigayi ana tarawa, akwai kuma inshorar rai da ake biya idan ma'aikaci ya rasu a bakin aiki. Ya ce Baba ya kama aiki yana saurayi, sunan mahaifiyarsa ya bayar a matsayin wadda za a nema idan ta Allah ta kasance, kuma bai taɓa canzawa ba. Ya ƙara da cewa wannan ba ya nufin kuɗin nata ne ita kaɗai, ita dai za a kira. Na lura ba wanda ya tsaya sauraron wannan ƙarshen maganar.

Ba a yi mako ba sai ga motar Ba Kura a ƙofar gida. Ya shigo har tsakar gida, abin da bai saba ba, ya tsaya a bakin ɗakin Mama. Ita tana cikin takaba, daga bayan labule take amsa shi.

“Na zo ɗaukar uwata,” ya ce. “Wanda yake riƙe da ita ya tafi. Abin kunya ne a ce ina raye tana zaune a hannun suruka.”

Mama ta ce, “Yaya, ta saba da nan. Da lalube take gane ɗakinta da banɗaki. Ka bar ta, ba ta yi mana nauyi ba.”

“Ban zo shawara ba.”

Kaka ta riƙe ƙyauren ɗakinta da hannu biyu. Ta ce ba inda za ta, ɗanta zai dawo daga Biu ya tarar ba ta nan. Ba Kura ya sunkuya ya ce mata da Kanuri, “Ya,” wato uwa, “ai yana gidana yana jiranki.” Nan take ta saki ƙyauren, ta fara laluben takalmanta, tana cewa a ba ta lafayarta mai kyau.

Mama ta kira ni cikin ɗaki. Ta ce, “Ki bi ta. Ba ta cin abinci sai daga hannunki ko nawa, kuma ba wanda zai wanke ta a can. Kwana nawa ne, za su gaji su dawo da ita.” Na ɗauki kayana da littattafaina, ina tsammanin zan riƙa zuwa makaranta daga can.

A Jiddari Polo aka ba mu ɗaki a ƙasa mai fanka da katifa sabuwa. Aka sayo wa Kaka lafaya uku, aka turara ɗakin, kullum ana kawo nama wanda ba ta iya taunawa. Ita kuwa ta wuni tana bin bango da tafin hannu tana neman ƙofar da ta sani. Ta tambayi ina ɗanta da aka ce yana jiranta, na ce ya koma Biu, aiki ya taso. Sau biyu tana zamewa a tayil ɗin. Daga nan aka fara kulle mu ta waje idan Ba Kura zai fita, wai don kada ta fita ta ɓata.

Sai aka shiga yawon ofisoshi. Aka fara da banki, aka buɗe asusu da sunanta, aka ɗauki hotonta, aka dangwala yatsanta a na'ura. Wannan bai yi wuya ba, na ce mata magani za a ba ta. Inda abin ya ɓaci shi ne kamfanin fansho. Wata matashiyar ma'aikaciya ce ta karɓe mu. Ta dubi Kaka ta ce dole ta ji daga bakinta.

“Mama, kin san abin da ya kawo ki nan? Mene ne tsakaninki da marigayin?”

Kaka ta juyo wajena tana tambayar me ake cewa. Na matsa kusa da Ba Kura na yi ƙasa da murya. “Ba Kura, don Allah kada ka gaya mata. A yi wa matar nan bayani, za ta gane.”

Ko kallona bai yi ba. Ya sa bakinsa a kunnen Kaka ya ce, “Ya, ɗanki ya mutu. An binne shi. Ki gaya musu ke kika haife shi.”

Ta zame daga kujera ta zube a ƙasa, a gaban mutanen da ke layi, tana kiran sunan Baba na yarinta wanda ita kaɗai ke kiransa da shi. Lafayarta ta warware, fitsari ya bi tayil. Ma'aikaciyar ta miƙe tsaye, ta ce mu tafi mu dawo wata rana. Ba Kura ya ce daga nesa muke, tsohuwa ba ta da lafiyar zirga-zirga. Wani babba ya fito daga ciki jin hayaniya, ya ga halin da ake ciki, ya ce a sallame mu yanzu-yanzu. Tana kwance a ƙasa tana kuka Ba Kura ya kamo hannunta ya miƙe babban yatsan, aka dangwala.

Na samu bakin magana na ce wa ma'aikaciyar, “Yana da mata da 'ya'ya uku. Ni 'yarsa ce.”

Ba Kura ya yi murmushi. “Ga ta nan ai, tare muka zo. Uwarsu tana takaba, ni ne wakilinsu gaba ɗaya.”

A mota bai yi faɗa ba. Ya daidaita madubi ya dube ni ta ciki. “Idan kika sake buɗe baki a gaban mutane, a ranar za ki koma Dala. Sai in ga wanda zai ba ta abinci.” Kaka tana kwance a cinyata tana sheshsheƙa. Kafin mu isa gida barci ya ɗauke ta, da ta farka ta ce ƙirjinta na ciwo, ta tambaye ni ko ɗanta ya aiko da saƙo.

Abin da Ba Kura ya koya a wannan rana shi ne kukan Kaka yana buɗe ƙofa. Daga nan duk ofishin da muka je aka ce mu jira, ko aka ce mai sa hannu ba ya nan, ko aka ce sai an kawo matar mamaci, sai ya sunkuya ya raɗa mata. A ma'aikatar Baba ya yi. A wurin masu inshora ya yi. A harabar kotun da ke ba da izinin karɓar dukiyar mamaci ya yi, a kan matakala, rana tsaka. Na kai ga ina gane lokacin da zai yi, sai in ga ya gyara hularsa ya matso. Wani lokaci nakan riga shi in toshe mata kunne da tafin hannuna kamar ina gyara mata ɗankwali, sai ya ture hannun a hankali, don kada mutane su lura. Kuma kowane lokaci mutanen ofis sai su ce, “Allah sarki, uwa,” su yi sauri su sallame mu, wasu har su yaba masa da ɗawainiyar da yake yi.

Makaranta kuwa ban sake taka ta ba. Aka yi jarrabawa ina kulle a ɗaki.

A Dala albashi ya tsaya, mai gida ya fara aike. Mama ta ba maƙwabciya 'yan kunnenta na zinari ta sayar. Da na gaya mata abin da ake yi wa Kaka ta waya, ta aika aka tambayi liman, ya ce mai takaba na iya fita da rana idan lalura ta kama. Ta sa hijabi ta hau keke napep ta zo Jiddari Polo. Ba Kura bai bari ta shigo ba. Ya tsaya a bakin get ya ɗaga murya yadda masu shaguna da masu wanki da guga na layin za su ji.

“Jama'a ku zo ku gani! Ƙasar kabarin mijinta ba ta bushe ba, ta fito yawon neman kuɗi! Dama abin da kike jira ke nan?”

Ina leƙe ta taga. Mama ta tsaya kanta a ƙasa, ta ce wani abu da ban ji ba, ta juya. Ba ta sake fita ba har ta gama takabarta.

Ba Gana ya ga yayansa na shirin cinye abin shi kaɗai. Wata Juma'a, Ba Kura ya tafi masallaci, sai ga Ba Gana da keke. Ya ce wa mutanen gidan zai kai tsohuwa wajen wani mai maganin ido, yanzu za mu dawo. Ba mu tsaya ko'ina ba sai gidansa a Old Maiduguri. Ya sa aka matsar da buhunan wake a wani ɗaki aka shimfiɗa mana tabarma. Ɗakin na warin maganin ƙwari, Kaka ta kwana tana tari. Ya ce mini, “Kada ki ga laifina. Saura dangwale ɗaya a banki, kuma ba za a yi shi ba sai da ni.”

Da yamma washegari Ba Kura ya iso. Suka fara daga zaure, suka shigo tsakar gida suna zagin juna, kowa na tona wa ɗan'uwansa asiri tun na ƙuruciya. Kaka ta ji muryoyin 'ya'yanta ta lallaɓo ta fito tana cewa su bari, su bari, ƙaninku zai dawo ya same ku kuna faɗa, ta ma manta wane ne babba a cikinsu. Ba Kura ya kama hannunta na dama ya nufi ƙofa. Ba Gana ya kama na hagu. Suka ja. Na ji ƙarar da kafaɗarta ta yi kafin ita ta yi tata.

Maƙwabta ne suka shigo suka raba, aka kira mai ɗori, aka kuma kira bulama, wato mai unguwa. Mai ɗori na mayar da kafaɗar a ɗaki ina riƙe da kanta, su kuma suna zaure ana sulhu. Sulhun bai ɗauki lokaci ba. Suka amince katin cire kuɗi zai zauna a hannun Ba Kura, saƙon banki kuma zai riƙa shiga wayar Ba Gana, don kada wani ya cuci wani. Na ji bulama ya ce, “To, marayun fa?”

Ba Kura ya ce, “Marayu ai namu ne. Mu za mu riƙe musu. Ka ba mace kuɗi yau, gobe ta kai wa wani mijin.”

Bulama ya ce Allah ya ba da ikon riƙe amana, aka shafa fatiha.

Aka mayar da mu Jiddari Polo, aka yi dangwalen ƙarshe da hannunta na dama, na hagun yana rataye a wuya. Damina ta kusa ƙarewa kuɗin suka fito. Ba wanda ya gaya mini. Na dai ga an daina kawo nama, an daina kulle ƙofa. Wata safiya Ba Kura ya aiko a ce mu haɗa kaya. Ba motarsa aka fito da ita ba, keke aka tsayar a bakin get, aka ɗora mana rabin buhun shinkafa. Ya leƙo daga saman bene ya ce, “Ki gaida mamanki. Tsohuwa ta fi sabawa da can.” Lafaya ukun da aka saya mata ma ba a sa mana su a kaya ba.

Da muka isa Dala Mama ta fito ta tsaya tana kallon Kaka. Ta rame har ƙasusuwan wuyanta sun fito, hannun hagu ya ƙi miƙewa. Wata maƙwabciya ta ce, “Da ni ce ke, wallahi a keken nan zan mayar musu da uwarsu. Sun tsotse sun tofar miki.” Mama ta ce, “Uwar mijina ce,” ta kama ta ta shigar da ita ɗaki, ta ɗora ruwan wanka.

Kaka ta shafa ƙyauren ɗakinta ta gane shi. Amma ba ta dawo yadda ta tafi ba. Ta daina tambayar ina ɗanta. Sai dai tana zaune haka kawai hawaye su fara zuba, in tambaye ta me ya faru, ta ce, “Feronyi,” wato 'yata, “wani abu ya faru. Wani mugun abu. Na manta ko mene ne.” Idan ta ji takun namiji a tsakar gida, ko mai sayar da ruwa ne, sai ta tura hannunta na dama ƙarƙashin cinya ta zauna a kai.

Mama ta fita takaba ta je wajen Ba Kura da dattawa biyu. Ya ce ana lissafi. Ta koma, ya ce ya yi tafiya, alhali motarsa na tsakar gida. A lokacin Ba Gana ya riga ya sayi keke biyu ya ba yara suna ja masa, Ba Kura kuma an ce ya kama fili a bayan gari. Sai Mama ta kai ƙara kotun Musulunci.

Shari'ar ta ja. Yau lauyansu ba shi da lafiya, gobe Ba Gana ya tafi sayen wake, jibi an ɗage. Lauyan ya ce marigayi da ransa da lafiyarsa ya ba mahaifiyarsa kyautar kuɗin, ita kuma ta ba 'ya'yanta. Alƙali ya ce a kawo tsohuwar. Ni na riƙo ta muka shiga. Ya yi mata magana da Kanuri cikin ladabi, ya tambaye ta ko ta ba wani kuɗi. Ta ce ita ba ta da kuɗi, ɗanta ne ke saya mata goro. Na ga Ba Kura ya gyara hula ya fara tasowa daga benci. Na ce da ƙarfi, “Ranka ya daɗe, kada a bar shi ya matso kusa da ita.” Alƙali ya dube ni, ya dube shi, ya ce ya koma ya zauna. Wannan ce kaɗai nasarar da zan ce na gani da idona a duk shekarar.

Kaka ba ta kai ranar hukunci ba. Ta rasu da hantsi, Mama na ba ta kunu a cokali. Kafin mu gama sanar da maƙwabta sai ga motar Ba Kura da wata motar ɗaukar gawa. Ya ce ba za a yi zaman makokin uwarsa a gidan haya ba. Aka kai ta Jiddari Polo, aka kafa rumfuna har bakin titi, aka yanka sa, manyan 'yan kasuwa suka yi ta zuwa. Ina ji ana cewa Allah ya yi wa Alhaji albarka, ya riƙe uwarsa har ƙarshe. Mama, wadda ta shekara ashirin tana wanke mata zane, tana can ƙarshen rumfar mata, aka miƙo mata shinkafa a roba kamar kowace baƙuwa.

Daga baya alƙali ya yanke cewa kuɗin gado ne, ba kyauta ba, a dawo da su a raba yadda shari'a ta ce. Muka yi murna ta kwana ɗaya. Da aka zo dawowa da su, Ba Kura ya ce sun tafi a hidima: jana'izar Baba, zirga-zirgar ofisoshi, maganin tsohuwa, naman da ta ci, mai ɗori, sadakar mutuwarta, da wani bashi da ya ce yana bin Baba tun na auren Mama. Ba mu da shaidar da za ta ƙaryata shi. Aka ba shi rantsuwa. Ya yi alwala a harabar kotu, ya shigo hannunsa na ɗigar ruwa, ya dafa Alƙur'ani ya rantse, muryarsa ko rawa ba ta yi ba. Aka raba ɗan abin da ya amsa cewa ya rage. A cikinsa ma aka cire sudusin Kaka aka miƙa wa su biyun, domin jikokin da ubansu ya riga kakarsu mutuwa ba su da gado a wurinta. Abin da ya zo hannunmu ya biya bashin haya, ya saya wa ƙannena kayan makaranta, ya ƙare.

Ban koma kwaleji ba. Na fara haɗa turaren wuta da humra ina kai wa gidajen biki, har yau da shi muke ci. Shekaru suka wuce ba mu taka Jiddari Polo ba, su ma ba su tako Dala ba.

Sai ƙanwata mai bi mini ta samu miji, yaron kirki, malamin asibiti. Danginsa suka zo da maganar aure, suka tambayi wane ne waliyyi. Mama ta ce ƙanenta zai tsaya. Liman ya ce ba ya yiwuwa, yayan uba yana raye, yana cikin gari, kuma mutanen za su tambayi dalili. Ƙanwata ta ce ita ta haƙura da auren. Mama ta ce ba za ta haƙura ba.

Ni na raka Mama gidan Ba Kura. Aka bar mu a tsakar gida a rana tun hantsi har aka yi azahar. Da ya fito ya sa aka ajiye masa kujera a inuwa, ya kira iyalinsa duka, har yaran shagonsa da suka zo cin abinci, suka tsaya. Mama ta durƙusa ta faɗi abin da ya kawo mu.

Ya ce, “Yanzu na zama uba? Ba ni ne ɓarawon da aka kai gaban alƙali ba?”

Sannan ya ƙara da cewa:

“Ki faɗa a gaban yaran nan. Ki ce ƙarya kika yi mini, kuma kin tuba.”

Na kama hannun Mama na ce mu tashi. Ta fizge hannunta ba tare da ta dube ni ba. Gwiwoyinta a kan siminti mai zafi, ta ce, “Yaya, na yi maka ƙarya. Na tuba. Ka yafe mini.”

“Ban ji ba.”

Ta sake faɗa da ƙarfi. Ya gyaɗa kai, ya ce Allah ya yafe mana gaba ɗaya, shi ba mai riƙo ba ne, a gaya wa mutanen su zo ranar Asabar.

Muka fito muka tsayar da keke. Ina kuka, ita ba ta yi ba. Da muka kusa kasuwa ta taɓa kafaɗar mai keken ta ce ya tsaya. Ta ce mini, “Share fuskarki. Tukwanen yarinyar nan ba su cika ba, mu duba tunda mun fito.” Muka shiga layin masu tukwane. Ta ɗaga wannan ta ƙwanƙwasa gindin wancan, ta yi ciniki har mai kayan ya gaji ya sallama. Da ta sunkuya za ta ɗauka na ga fatar gwiwarta ta saɓule ta manne da zane. Na ce mu tsaya kemis. Ta ce in mun je gida.

Aka ɗaura auren a ƙofar gidan Ba Kura. An ce ya yi jawabi mai kyau a kan riƙon marayu, har wasu dattawa suka share hawaye.